Faifan Legas a Kunnen Mazaunin Rikkos

A shekarar 1973 ne Paul McCartney, tsohon mawaƙin ƙungiyar Beatles ta Ingila, ya sauka Legas tare da matarsa Linda da Denny Laine, suka naɗi mafi yawan faifan Band on the Run a ɗakin ɗaukar sauti na kamfanin EMI da ke Apapa. Biyu daga cikin makaɗansa sun janye jiki gab da tafiyar, saboda haka shi da kansa ya kaɗa ganga. Fela Kuti ma ya zarge shi da zuwa satar kiɗan Afirka, har sai da ya kunna masa waƙoƙin ya ji da kunnensa.

A 2010 aka koma ga tef ɗin asali, aka sake fitar da faifan cikin tataccen sautin dijital. Wato yayin da faifan CD ke ɗiban sauti sau 44,100 a daƙiƙa guda, shi wannan sau 96,000 yake ɗiba. Shi na saurara a gidana da ke Rikkos, a wani daren hunturu bayan janaretocin maƙwabta sun yi shiru. A waƙar farko, wurin da jita ke shigowa bayan gungun makaɗan da aka ƙara a Landan sun ɗaga sauti, sai na ji kamar an buɗe taga. Gangar kuwa ta fito fili da sauƙinta, hannu ne na mutumin da ya san waƙa fiye da yadda ya san ganga, kuma hakan ya yi mini daɗi.

To amma mai karatu kada lambobi su ruɗe shi. Kunnen ɗan Adam ba ya kama sautin da kaɗawarsa ta wuce kimanin 20,000 a daƙiƙa, balle nawa da ya haura shekara arba'in, kuma CD ya riga ya cika wannan mudu. A ganina abin da na ji shi ne amanar waɗanda suka adana tef shekara 37 ba su bari ya lalace ba.

Daga nan ne hankalina ya komo garin nan namu, ga Ɗan Maraya Jos, wanda ya rasu a 2015. Waƙarsa ta Karen Mota da ke wayata kwafi ce daga kaset, kaset ɗin ma da ji ka san ya sha hannu. Tsarkiyar kuntigin sai ka ce kukan sauro. Bara na ba ɗalibaina aikin rubuta baitocinta. Muka iso wani ɗango, wasu suka ce kaza ya faɗa, wasu suka ce a'a. Muka maimaita wurin har sau goma, ajin ya yi tsit, kowa ya kasa kunne. Da lokaci ya ƙure, sai muka bar gurbin kalmar fili a takarda, muka ɗiga masa ɗigo uku.