Bin Sawun Igwa Daga Faris Zuwa Verdun

Shekara ashirin da ɗoriya ina koyar da lissafi a sakandare, kuma babu shekarar da wani yaro bai ɗaga hannu ya tambaye ni amfanin lissafin kusurwa ba. Nakan ce masa da shi magina da masu safiyo suke cin tuwo. Ashe akwai wasu masu cin tuwon da ban taɓa sa su a lissafi ba, sai da na je Faransa duba ɗan ƙanwata da ke karatun injiniya a Faris.

Shi ya ja ni gidan tarihin soja na Invalides, ginin da Sarki Louis na 14 ya ba da umarnin a yi a 1670 don tsofaffin sojoji da naƙasassu. Jama'a na ta tururuwa wajen kabarin Napoliyon, ni kuwa ƙafata ta ƙi wuce tsakar gida, inda aka jera igwoyin tagulla. Kowace da sunanta a jiki, da ado kamar ƙwaryar amarya. Na shafa ɗaya, sanyi ƙalau kamar gindin randa. Ta baki ake ɗura su, yadda maharbi ke ɗura bindigar toka: a zura albarushi, a bi shi da dunƙulen ƙarfe, a danna da sanda. In ta tashi sai ta zabura baya da ƙafafunta duka, a taru a turo ta, a sake saiti da ido.

Wani janar mai suna Gribeauval ya gyara wa Faransa wannan harka tun daga 1765. Ya rage wa igwoyin fili nauyi, ya tsayar da su a kan girma uku, masu cin dunƙule mai laba 4, 8 da 12, ya sa aka riƙa ƙera sassansu iri ɗaya, ta yadda ƙafar wannan za ta shiga waccan. Napoliyon, wanda shi kansa hafsan igwa ne tun farkon aikinsa, ya tarar da kayan aiki a shirye. Dabararsa ita ce ya tara su wuri guda ya huda sahun abokan gaba, sannan ya tura dakaru ta kafar. A Wagram a 1809 sama da ɗari ya jera. Sai dai duk wannan ido da ido ake yi, tazarar da ƙyar take wuce kilomita ɗaya. Mai harbi yana ganin launin rigar wanda zai kashe.

A can ciki, ɓangaren Yaƙin Duniya na Ɗaya, muka iske wata 'yar siririya mai launin toka, ba ado ba suna, sai lamba: 75, ƙirar 1897. Yaron nan ya durƙusa yana leƙen ƙarƙashinta, ya ɗago yana dariya.

"Kawu, ai shakazoba ce kawai, irin ta mota!"

Gaskiyarsa. Bututun ne kaɗai ke zamewa baya, mai da matsattsiyar iska su tare shi su mayar da shi mazauninsa, ƙafafun ba su motsa ba. Da haka take aman harsashi 15 a minti ɗaya. Amma abin da ya fi saurin muhimmanci a wurina shi ne, tunda igwa ta daina gusawa, lambar da aka saita ta a kai tana nan daram. Ke nan ana iya ɓoye ta bayan tudu, wani ya hau sama da tabarau da wayar tarho yana cewa a ƙara, a rage, a karkata dama. Yaƙin Rasha da Japan na 1904 zuwa 1905 ya nuna wa duniya cewa duk igwar da ta tsaya a sarari, masu ita sun sayi likkafani. Faransawa dai sun yi wa 75 ɗinsu son da ya rufe musu ido. Harsashinta miƙe yake tafiya, to da yaƙi ya koma cikin ramuka a 1914, sai ga Jamusawa da manyan igwoyi masu cilla harsashi sama ya faɗo ta ka.

Kwana biyu bayan haka muka yi sammako tashar Gare de l'Est. Awa ɗaya a jirgin ƙasa mai gudu, rabin awa a bas, sai ga Verdun, ɗan gari a bakin kogin Meuse, ana yayyafi. Muka ɗauki tasi zuwa tuddan da ke arewa maso gabas.

Daji ne yanzu, kore shar. Sai da na dubi gindin itatuwan na ga babu taku biyar a miƙe. Rami na bin rami, tudu na bin tudu, kamar filin da masu bulo suka gama cinyewa, ciyawa ta lulluɓe. Haka yake duk inda ido ya kai. Ranar 21 ga Fabrairu 1916, da ƙarfe bakwai da kwata na safe, igwoyin Jamus kusan 1,200 suka buɗe wuta a nan, suka zuba harsashi wajen miliyan ɗaya kafin dakarunsu su taso da la'asar. Ba a tsaya ba sai Disamba. Mutum wajen 300,000 suka mutu a ɓangarorin biyu, akasarinsu igwa ce ta ci su, ba su ga mai harbin ba, shi ma bai gan su ba.

A Fleury direban ya tsaya. Ƙauye ne da ya sauya hannu sau 16 a wannan shekarar. Ko tubalin tsohon ƙauyen ba a tsaye, sai 'yan alluna a cikin itatuwa: nan makaranta, nan mai burodi, nan maƙeri. Har yau ana naɗa wa garin magajin gari, alhali ko kaza ba ta kwana a ciki.

Inda na fi daɗewa shi ne sansanin Douaumont, wanda Jamusawa suka kama ranar 25 ga Fabrairu. Ciki duhu, ruwa na ɗiga daga rufi, sanyi na shiga ƙashi. Yadda Faransawa suka karɓe shi ranar 24 ga Oktoba, aikin alli da allo ne tsantsa. Sun fara rotsa shi da igwoyi masu bakin milimita 400 da ake ja a kan dogo. Sannan Janar Nivelle, wanda shi ma ɗan igwa ne, ya sa aka yi labulen wuta mai tafiya: harsasai na sauka a layi ɗaya, duk minti huɗu layin ya matsa gaba mita 100, dakaru na biye da shi a ƙafa cikin taɓo. Ba mai ganin wani, agogo ne kawai ya haɗa su. Soja ya yi sauri, wutar 'yan uwansa ta ci shi. Ya yi nawa, maƙiyi ya fito daga rami ya kafa mashinga. A cikin waɗanda suka bi wannan labule har da 'yan Somaliya da baƙaƙen sojan da ake kira 'yan Senegal, ko da yake daga duk ƙasashen Afirka ta Yamma da Faransa ta mallaka ake kwaso irinsu.

A saman sansanin, kusa da wata hular ƙarfe da igwa ke leƙowa ta cikinta ta koma, na tuna Kano. Igwa huɗu Kanar Morland na sojan Ingila ya zo da su a Fabrairun 1903 ya fasa ƙofar birni. Shekara 13 kacal tsakanin wancan da wannan.

Lissafin bai tsaya a Verdun ba. Zuwa 1917 sai an auna iska, da zafin rana, da yadda bututu ya cinye, kafin a harba. Har kunnuwan lantarki ake shimfiɗawa a jere, a auna ɗan bambancin lokacin da ƙarar igwar maƙiyi ta isa kowanne, a ja layuka a taswira, inda suka haɗu nan take. A Cambrai a Nuwamban wannan shekarar, igwoyin Ingila wajen dubu suka buɗe wuta lokaci guda ba tare da harbin gwaji ko ɗaya ba. Na ce wa yaron nan, wannan ai darasin da nake ba 'yan aji biyar ne. Bai yi dariya ba.

Muka ƙarasa da gidan ƙasusuwa na Douaumont, inda aka tara ragowar mutum 130,000 da ba a gane su ba, Bafaranshe da Bajamushe a cakuɗe. Akwai 'yan tagogi ƙasa-ƙasa ta baya. Na sunkuya sau ɗaya, ban ƙara ba. A gabansa kaburbura ne sama da 16,000, daga ciki 592 na Musulmi, an juya su suna fuskantar alƙibla. Muka tsaya muka yi musu addu'a, yayyafi na jiƙa mana tafin hannu.

Wanda Allah ya kai shi wurin, ya bi hanyar da aka shata, kuma kada ya ɗauki kowane ƙarfe da ya gani a ƙasa don tsaraba. Har yanzu ana tono harsasan da ba su fashe ba.