Mangwaro cikin ruwan zoɓo

Duk wanda ya tashi a Adar ya san yadda Sallar Layya take tafiya. Ana saukowa daga idi sai yanka da fiɗa. A buɗe rago, a tsire shi bisa itace biyu da anka gicciya, a jera raguna kewaye da wuta tun hantsi har dare. Ran nan kayan ciki ake soyawa a ci. Wanshekare a sauke naman a yayyanka, yara su ɗauki kwanoni su bazu cikin gari wajen rabo. Abin da ya rage a soye shi cikin kitse har ya bushe ƙarau, don ya daɗe ba tare da firigo ba. Dabara ce mai kyau, mutanen da sun san zafin ƙasarsu. Sai dai akwai abu guda da ba mu cika faɗa ba: kusan duk abincin wannan biki na masu haƙora ne.

Kakata, wadda ta haifi babanmu, tana zaune a gidanmu na Bambeye. Haƙora huɗu sunka rage mata, biyu daga ciki suna girgiɗa. Ita ake fara kai wa nama, kuma mafi kyawun tsoka ake zaɓa mata, don girmamawa. Takan karɓa ta sa albarka, ta ɗan tsotsi yanka guda, ta rarraba wa jikoki saura. Daga nan sai ta jawo ƙwaryar hurarta, irin wadda take sha kowace rana ta Allah. In an yi mata magana ta ce, "Ku ci, ku da ka da haure. Ni Sallata hura ta." Kowa ya yi dariya a wuce. Kuɗin da mazan gidanmu ke aikowa daga Abijan da Libiya suna tafiya ga rago da itace da ɗinki. Ban taɓa jin an zauna lissafin Sallah an ce ga na bakin tsofaffi ba.

Dabarar ta zo mini ta inda ban zata ba. A lise, nan Tawa, mun taɓa karanta wani rubutu na Faransanci game da cimar daren Kirsimeti. A ƙarshen cin abincin an kawo wani ɗan itace da suke kira fuwar, dafaffe. Mushenmu ya zana shi bisa allo: ƙasa da faɗi, sama da tsini, kamar ƙaramin gora. Ba fiya ba ce wadda muke yanka wa salati, ɗan'uwan tuffa ne. Ya ce fere shi ake yi, a sa shi cikin jar giya da sukari da kirfa da kanumfari, a bar shi bisa wuta kaɗan-kaɗan har ya yi laushi ya ɗauki launin giyar. Ajin ya kaure da "a'uzubillahi" da dariya. Ni kuwa kalma guda ta tsaya mini, inda marubucin ya nuna cewa cokali kawai ake sa wa abin ya rabu.

Itacen fuwar ba ya yi a ƙasarmu. Yana bukatar sanyin hunturu na makonni da yawa kafin ya yi fure da kyau, abin da iskar ɗarinmu ba ta isa ta ba shi ba. Ƙasar Sin ce ke noma fiye da rabin wanda ake ci a duniya. A Turai ana tsinkarsa daga ƙarshen bazararsu zuwa kaka, wasu irin kuma suna jure ajiya har tsakiyar hunturu, shi ya sa ya zama ɗan itacen bikinsu na Disamba. Na taɓa ganinsa sau biyu bisa teburin mai kayan marmari a Tawa, kowane da ƴar takarda manne a jikinsa, ya sha doguwar hanya. Kuɗin guda uku sun isa cefanen gidanmu na yini. Giya kuwa ba ma sai an tsaya magana ba.

Da na zauna na duba, sai na ga abu uku ne kawai cikin girkin nan: ɗan itace mai ɗan tauri, ruwa mai launi da ɗan tsami, da wuta marar gaggawa. Duka ukun muna da su. Layyar 2024 ta faɗo tsakiyar watan Yuni, mangwaro bai ƙare a kasuwa ba. Ruwa ja mai tsami kuwa, wace yarinya ce a Tawa ba ta san dafa zoɓo ba, wanda ƴan birni ke ce wa bisap? Wuta kuma, da la'asar ɗin ranar Layya babu abin da ya kai garwashi yawa a ƙofar gida.

Kafin in ɗora tukunya sai da na sha tambayoyi. Ƙanwata ta riga ta kai labari cewa zan yi abincin Annasara da ake sa wa giya. Kawu ya leƙo madafi da kansa, hannunsa duk kitse.

"Ke, mi kinka ce za ki sa ciki?"

"Zoɓo ne, Kawu, da kanumfari da citta. Ga su nan, duba."

Ya ɗauki kanumfari guda ya shinshina, ya ce, "To, wanga ai kayan shayi na," ya koma wajen ragunansa. Inna ita damuwarta itace. Ta ce ko ƙirare guda ba za ta ba ni ba, an san tsadar itace a makon Sallah. Na ce garwashi kawai nake so, cikin kasko. Gwaggo ta taɓe baki ta ce ba ta taɓa jin inda anka dafa mangwaro ba sai ga ƴan lakwal.

Ga yadda ake yi, ga mai son gwadawa. A sami mangwaro shida, mai aure wanda muke ce wa girefe, domin ƙaramin nan mai zare yana maƙalewa a dasashi. A zaɓi wanda ya fara nuna amma bai yi luguf ba, in an danna shi da yatsa ya ɗan amsa kaɗan. A fere, a yanke kumatun nan biyu na gefen ƙwallo, a bar su manya. A tafasa ruwa litir ɗaya da zoɓo cikin tafin hannu biyu kamar minti 10, a tace sosai saboda yashi. A mayar da ruwan cikin tukunya, a zuba sukari ƙaramin kofin shayi uku, kanumfari biyar, citta ɗan yanki a daddaƙa, kimba guda, da ɓawon lemun tsami in akwai. Wanda ya sami kirfa ya jefa ɗan sanda guda. Idan sukarin ya narke sai a jera mangwaron a ciki, ruwan ya rufe shi.

Nan ne wurin haƙuri. Kada ruwan ya tafasa yana bori. Motsi kawai ake so ya riƙa yi, ƴan kumfa suna tasowa ɗaya-ɗaya. Abin da ke riƙe naman ɗan itace wani irin danƙo ne da zafi ke narkarwa. In wuta ta yi yawa, bayan ya ragargaje tun cikin bai dahu ba, a tashi da fate. Sukarin da ke cikin ruwan shi ma yana taimaka wa yankan ya tsaya da siffarsa. Minti 10 zuwa 15 sun isa mangwaro, fuwar kan ɗauki fiye da haka. A soka tsinke: in ya shiga ba gardama, a sauke. A kwashe mangwaron, a bar ruwan bisa garwashi har ya ƙone zuwa rabi ya yi kauri, sannan a zuba shi bisa mangwaron a rufe ya huce. Yana hucewa yana shan launi.

Abu biyu a kiyaye. Kada a kusanto da kanwa, ko a juya da ludayin da ya taɓa ta, domin kanwa tana kashe jan zoɓo ya koma baƙi-baƙi. Kuma kada a bar shi ya kwana cikin tukunyar dalma, tsamin yana cin ƙarfen. A juye cikin kwano mai fenti ko na tangaran. Sanyayawa ba sai da kuran ba. Na dora kwanon bisa bakin randa na lulluɓe da jiƙaƙƙen tsumma, iska ta yi sauran aikin. Wannan hikimar ce wani malami a Jigawa, Mohammed Bah Abba, ya bi ya haɗa tukunya cikin tukunya da jiƙaƙƙen yashi a tsakani, har ya sami kyautar Rolex a 2000. Da zafin Yuni dai kada a wuce kwana guda ba a cinye ba. In tsohon gidanku yana da ciwon sukari, a rage sukarin sosai, a ba shi kaɗan.

Da safen rabon nama na kai wa Kaka yanka biyu cikin ƙaramin kwano, na zuba nono mai sanyi a gefe. Waje ja wur, ciki ruwan ɗorawa. Ta daɗe tana kallo.

"Kishiya, mi na na wanga? Ko sammu za ki yi man ki gaje ɗakin?"

"Ci dai, Kaka. In kin mutu ni na biya."

Ta sa yatsa ta gutsura, ta kai baki, ta yi shiru. Ta ƙara. Sai da ta cinye yanka guda sannan ta ce, "Wanga ba ruwanai da haure." Jikokin da sunka saba jiran rabonta suna tsaye, ta dube su ta ce su tafi wajen namansu, yau kowa da Sallarsa. Ta shanye ruwan, ta ce in akwai saura a kai wa aminiyarta ta bayan masallaci, wadda ita ko haƙori guda ba ta da shi.

Wannan aiken ne ya sa na fara ƙirga. A layinmu kaɗai na sami tsofaffi bakwai da ba su iya tauna soyayyen nama, ban da wani yaro da ya tashi daga ciwo da wata mai jego da ba ta son maiƙo. Kowane ɗayansu an kai masa nama ran nan, kuma kowane ɗayansu ya yi godiya. Mun iya kai wa tsoho girma, amma ba kullum muke tsayawa mu ga ko abin da munka kai ya shiga cikinsa ba. Su kuma ba za su faɗa ba, kunya da kawaici ba za su bar su ba. Da Layyar 2025 ta zo, farkon Yuni, mu huɗu munka haɗa kuɗi, ni da ƙanwata da ƙawaye biyu, munka sayo mangwaro ashirin a kasuwar Tawa. Kowane tiren nama da zai shiga gidan da ke da tsoho, an ɗora masa ƙaramin kwano a gefe. Gwaggo da kanta ta fere rabi, tana ferewa tana cewa ita dai taimako take yi, ba wai ta yarda ba.

Sai dai mangwaro ba zai raka mu har abada ba. Kirsimeti tana nan daram ranar 25 ga Disamba, shi ya sa Turawa sunka iya ɗaura ta da ɗan itace guda. Sallarmu kuwa tafiya take yi. Shekarar wata kwana 354 ce, tana gaza ta rana da wajen kwana 11, don haka kowace shekara Sallah tana matsowa baya, sai ta yi kusan shekara 33 kafin ta zagayo inda ta taso. Yayyenmu suna tuna Layyar 2007 da anka yi cikin ɗarin Disamba. Ta 2030 za ta faɗo cikin Afrilu, ta 2033 cikin Maris. Ƙaramar Sallah ta riga ta yi gaba: a 2030 farkon Fabrairu za a yi ta, lokacin da mangwaro bai ko nuna ba. Wanda ya riƙe sunan ɗan itace kawai zai rasa abin dafawa. Wanda ya riƙe yadda ake yi ba zai rasa ba.

Gwaba tana yi, in an raba ta biyu an ƙwaƙule ƴaƴan. Gwanda mai ɗan tauri tana yi. Da sanyi ga kabewa da dankali da karas daga lambuna, ga lemun Timiya da motocin Agadas ke saukewa, wanda ruwansa da ɓawonsa za su iya maye gurbin zoɓo. Busasshen dabino ma, wanda tsofaffi ke jiƙawa kafin su iya ci, in ya yi minti kaɗan cikin ruwan citta da kanumfari sai ya koma kamar yanzu anka tsinko shi, kuma ba ya bukatar sukari. Na gwada kabewa da lemu a bakansin Disamba, Kaka ta ce ta fi son mangwaro, amma kwanon ya dawo wankakke.

Mu ɗalibai ba mu da kuɗin rago, kuma ba a tambayarmu shawara ranar lissafin Sallah. Abin da muke da shi ƴan canjin da munka rage daga kuɗin kabu-kabu, da ƙafar zuwa kasuwa, da ido. Kafin Sallah mai zuwa, kowa ya zagaya gidansu da gidajen maƙwabta ya ƙirga bakunan da nama ya fi ƙarfinsu. Daga nan ya shiga kasuwa ya ga abin da ke bisa tebur a wannan watan, ya roƙi kaskon garwashi guda wurin masu gashi.