Wai mu nawa ne a Zango?

Jiya da daddare muna hira a ƙofar gida, ɗan yayana da ke aji biyu na sakandare ya jefo mini tambaya: "Baba, mu nawa ne a garin nan?" Malaminsu ne ya ba su aikin gida. Na buɗe baki zan amsa, wallahi sai na ji ba ni da abin faɗa. Lissafin da gwamnati ke riƙe da shi na ƙidayar watan Maris 2006 ne. Yaron nan lokacin ko auren uwarsa ba a ɗaura ba.

Na tuna ƙidayar nan sarai. Zafi ake, an shafa mana tawada a babban yatsa. Kakata, Allah Ya jiƙanta, da ta ji masu ƙirga sun shigo unguwa sai ta kora jikoki uku ɗaka ta ja ƙofa. Ta ce ba a ƙirga 'ya'ya. Mun yi ta dariya, amma daga baya na gane ba camfi kaɗai ba ne. A zamaninsu duk wanda aka rubuta sunansa, haraji ne zai biyo baya, shanu kuma jangali. Sai a 1979 Balarabe Musa ya soke su, lokacin muna cikin tsohuwar Jihar Kaduna. Tsoron dai bai bar zukatan tsofaffi ba.

Abin da ke ba ni haushi shi ne yadda ake kallon Zango kamar wani ƙauyen bakin iyaka kawai. Jama'a, garin nan ya riƙe sarautar Daura fa. Da Malam Ishaku ya ci Daura a 1805 zamanin jihadi, gidan Sarki Abdu ficewa suka yi, zuriyarsa ta kafa sarauta a Zango da Baure, suna jingine da Damagaram. Kusan shekara ɗari ana haka, har Turawa suka zo suka ɗauko Malam Musa daga Zango suka mayar da shi gadon Daura. Gidan da ke mulki yau ke nan, daga Sarki Abdurrahman zuwa Muhammadu Bashar zuwa Mai Martaba Umar Faruk Umar da ya hau a 2007. Ingila da Faransa kuma suka ja layi, dangi suka wayi gari wasu a Nijeriya wasu a Nijar. Har gobe akwai gidajen da biki ba ya cika sai 'yan Magarya sun iso.

To yanzu mu nawa ne? Ni dai ido nake bi. Gonar da muke kiwon awaki muna yara ta zama gidaje. Ajin da muka zauna mu talatin da 'yan kai, na leƙa kwanaki na tarar yara har bakin allo, a ƙasa. Amma da an kai amfanin gona gida, je ka majalisar samari ka gani: rabi sun tafi Kano, Abuja, Legas, wasu har Agadas. Su waɗannan a ina za a ƙirga su?

An sa ranar sabuwar ƙidaya a Mayun 2023, aka ɗage ana saura kwanaki, a ƙarshen mulkin marigayi Buhari, ɗan masarautar nan. Ni ban ɗauki wannan ƙaramin abu ba. Da wane lissafi ake aiko allurar rigakafi? Da wane ake ɗaukar malamai, ko a san rijiyar burtsatse nawa za ta ishi unguwa? Ana ta maganar layin dogon Kano zuwa Maraɗi da zai ratsa Daura, baƙi za su ƙaru, mu ko na gida ba mu san adadinsu ba.

Yaron dai na ce masa ya rubuta na 2006, ya sa shekarar a gefe da manyan baƙi. Da safe zan raka shi wajen mai unguwa, ko gidajen unguwarmu ma mu fara ƙirgawa. 'Yan Baure da Sandamu da Mai'aduwa, ku haka abin yake a wajenku?