Dutsen Fuji a Takarda, Gulbin Gummi a Baki

Takardar kuɗi ta yen 1,000 da Japan ta fitar a Yulin 2024 tana ɗauke da hoton igiyar teku ta Kanagawa, zanen Hokusai na wajen 1831. Duk mai sayen abinci a nan Tokiyo yana taɓa ta kullum. Asalin hoton ɗaya ne cikin jerin hotunan Dutsen Fuji 36, waɗanda suka yi kasuwa har aka ƙara 10.

Yadda ake yin su ne ya fi ɗaukar hankalina. Ba aikin mutum ɗaya ba ne. Mai zane ya zana, masassaƙi ya manna zanen a kan katakon ceri ya sassaƙe shi, kowane launi da katakonsa, sannan mai bugu ya shafa launi ya ɗora takarda ya murza da hannu. A samansu akwai ɗan kasuwar da ya zuba jari. Katako ɗaya kan fitar da dubban kwafi, shi ya sa farashin bai fi ƙarfin talakan Tokiyo na wancan zamanin ba. Da Hiroshige ya zana zangon hanyar Tokaido 53 a 1833 zuwa 1834, wanda bai taɓa barin unguwarsu ba ya ga gadoji da ruwan sama da masu dako na ƙasarsa, a tafin hannunsa.

Mu a Gummi ba hannu muka rasa ba. Masassaƙanmu suna fafe turmi da jirgin ruwa, masu zanen ƙwarya suna ƙona ado da wuƙa mai zafi, marina sun san shuɗin baba, ga zayyanar allo ranar sauka. Amma adonmu na layi ne da dagi, ba ya nuna wuri. Gari kuwa da baki muke zana shi, a kirari da waƙar makaɗa. Wasu kan ce addini ne ya hana, ni ban yarda ba, domin malamai ba su hana zanen bishiya ko gulbi ba. Abin da ba mu samu ba shi ne wanda zai haɗa masu sana'ar nan wuri ɗaya, ya buga, ya kai kasuwa.

Wannan rashi yana mini ciwo. Hotunan Anka da Bukkuyum da duniya ta sani su ne na gubar dalma ta 2010, na Gummi kuma ambaliyar 2024. Baƙi ne suka ɗauka, a ranakun baƙin ciki. Gulbin Zamfara da kaka, fadamar shinkafa, masunta da komarsu, babu wanda ya ajiye mana su yadda yaro zai rataya a ɗaki. Masu fentin bayan manyan motoci sun iya dutse da rafi, sai dai galibi na ƙasar da ba ta da suna suke zanawa. Da za a ba ɗayansu aikin zana gulbin Gummi da sunansa, ni zan fara saye.