Ɗan Sanda A Ƙofar Gida

Mu malamai a kan rajista muke fara ganin rigimar gādo. Yaro mai zuwa kullum sai ya ɓace mako biyu, in ya dawo littattafansa rabi ne, sauran suna cikin ɗakin da baffansa ya garƙame. Da yawa daga ɗalibanmu 'ya'yan ma'aikatan masana'antu ne na Bompai da Sharada da Challawa. Iyayensu sun tara ɗan abin hannunsu, suka sayi fili a Dakata, suka ɗora ɗaki biyu ko uku. Ranar da maigida ya rasu, wannan gidan ne dangi ke yi wa ca.

Abin da gwauruwa ke fara yi shi ne ta sheƙa ofishin 'yan sanda. To, a nan ne ake yawan shan mamaki. Ɗan sanda zai kama wanda ya yi duka, ko ya fasa ƙofa, ko ya yi barazanar kisa. Amma ba aikinsa ba ne ya ce gida na wane ne. Dokar 'Yan Sanda ta 2020, sashe na 32, ta hana kama mutum a kan rigimar da ba ta laifi ba ce. Wanda ya ɗauko ɗan sanda da kuɗin aljihunsa don ya kori matar ɗan'uwansa, ya yi abin da doka ba ta sani ba, ko da kuwa an zo da kaki da mota.

Hanya tana kotu. Majistare yana iya sa mai barazana ya sa hannu a kan alkawarin zaman lafiya, ya kawo mai tsaya masa. Alƙali kuma yana iya ba da umurnin wucin gadi, watau kowa ya tsaya inda yake, kada a sayar, kada a rushe, kada a fitar da kowa, sai an gama shari'a. Musulmi kotun Shari'a ke raba musu gādo. Mu Kirista, in ba a bar wasiyya ba, yawanci Babbar Kotu muke zuwa neman takardar izinin kula da dukiyar mamaci. In aka yanke hukunci, ma'aikatan kotu ne ke zartarwa, 'yan sanda su raka su don kada a zub da jini.

Kada dai ku ɗauka takarda tana aiki da kanta. Ku tuna watan Mayu na 2024, lokacin da Gwamna Abba Kabir Yusuf ya sa hannu a dokar da ta rushe masarautu biyar, ya mai da Muhammadu Sanusi na Biyu. Aminu Ado Bayero ya dawo ya sauka a gidan sarki na Nasarawa. Dukansu jinin Dabo ne, gida ɗaya. Cikin mako guda Babbar Kotun Jiha ta ce 'yan sanda su karɓe gidan Nasarawa, Babbar Kotun Tarayya kuma ta ce su fitar da Sanusi daga fada. Hedkwatar 'yan sanda ta Bompai, nan kusa da mu, ta wayi gari da umurni biyu masu karo da juna, har Alƙalin Alƙalan Nijeriya ya kira shugabannin kotunan biyu. Shekarar ta ƙare kowa yana inda yake, da masu tsaronsa.

Su kenan masu manyan lauyoyi. Gwauruwar Dakata ita za ta bi takardarta da ƙafa, daga magatakardan kotu zuwa ofishin 'yan sanda, ta koma gobe, ta koma jibi. Shi ya sa muke roƙon iyaye a taronmu da su: ku rubuta wasiyya, ku nuna wa uwargida inda takardar fili take, ku ajiye kwafi a wajen wani amintacce. Ku kuma manyan ɗalibai, ku ne kuka iya karatu. In takardar kotu ta iso gidanku, ku karanta wa mahaifiyarku ita a hankali, ku duba ranar zama, ku duba hatimi, sannan ku sanar da malamin ajinku.