Sharhin Fim a Daren Lalle, a Ruwan Gizo

Bikin ɗiyar gwaggona ne ya kai ni ƙasar Mafara. Na sauka Talata Mafara ranar Talata, kasuwa na tsakiyar ci, buhunan shinkafa jibge ko'ina, albarkacin ruwan madatsar Bakolori da aka gama ginawa a 1978. Ban tsaya ciniki ba, don mai babur ya ce in dai Ruwan Gizo za ni, to mu kama hanya tun rana na sama. Kun dai san halin da hanyoyin Zamfara ke ciki.

Da dare 'yanmata suka cika ɗakin amarya ana ƙunshi. Sai na ga sun yi wa waya ɗaya rumfa, na ɗauka fim suke kallo. Ashe wani saurayi ne zaune yana fashin baƙin Labarina, shirin Aminu Saira da aka fara nunawa a Arewa24 a 2020. Ya tsayar da hoto ya yi bayani, ya saki, ya sake tsayarwa. A YouTube yake sakawa, amma su a shagon caji ake tura musu a memori. Suka ce ko a 2021 da aka katse layukan waya a jihar, tsofaffin da ke wayoyinsu suka yi ta maimaitawa.

Ni fa ba duka masu sharhin nan ke burge ni ba. Da yawansu labarin kawai suke maimaita maka, wasu kuma gulmar auren 'yan fim ce sana'arsu. Wanda ya taɓa karanta tsofaffin mujallun Fim, wadda Ibrahim Sheme ya kafa a 1999, ya san bambancin. Amma wannan yaron ya iya, har inda kyamara ta tsaya yake nunawa, da dalilin tsayawarta.

Da ya zo kan Sumayya, ko Mahmud ya dace da ita ko Presido, sai ɗaki ya kaure. Gwaggo da muka zaci ta yi barci ta ɗaga labule ta ce, "Wanga yaro mi ya sani ga aure? Ya fara gaya muna dalilin da ya sa matan fim ke tashi daga kwana da jan baki, sannan mu saurare shi." Muka kwashe da dariya.

Amarya ce kaɗai ba ta yi ba. Kowa a ɗakin ya san wanda take so daban, wanda za a ɗaura da shi gobe daban. Can da aka watse ta matso, hannuwanta ɗaure da lalle, ta ce a hankali, "Yaya, da ke kika rubuta labarin, wa za ki ba ta?"

Na yi kamar ina gyara mata ledar hannu. Kafin in samo amsa Gwaggo ta ƙwala mini kira, wai in zo mu ƙirga kwanukan jere.