Kwanakin Marayu

A takardar haihuwata an rubuta 1 ga Janairu 2004. Mu bakwai ne a ajinmu na lise masu wannan rana ta 1 ga Janairu, har mushe na lissafi yana tsokanarmu wai uwayenmu sun haɗa baki. Gaskiyar magana, ba wanda ya rubuta ranar da aka haife mu. Sai da za a sa mu lakwal aka je aka yi takarda, mai rubutu ya ɗora mana ranar farkon shekara, shi ke nan.

Wataƙila shi ya sa da na fara rubuta labarin wata duniya da babu ita, wadda na raɗa wa suna Garazau, ban fara da sarki ko jarumi ba. Da kalanda na fara. Na sayi kaye mai shafi ɗari, na cika kusan rabinshi da layuka da alƙaluma, ko mutum ɗaya bai yi magana cikin labarin ba.

Ga yadda na tsara abin. Garazau tana da wata biyu a sama, Babba da Ƙarami. Babba yana cika duk kwana 30, Ƙarami duk kwana 20, saboda haka ba sa cika dare ɗaya sai bayan kwana 60. Wannan daren na kira shi Gamo. Gamo shida su ne kwana 360. Mako kuwa kwana biyar ne, kowace rana da sunan kasuwar da ke ci. Sauran kwana biyar da suka rage a cika 365 ba su da wata, ba su da kasuwa, sai na ce musu Kwanakin Marayu: ba a bin bashi, alƙali ba ya zama, ba a ɗaura aure. Wallahi na ji daɗin kaina ranar da lissafin ya fito daidai. Daga baya ne na karanta cewa ƴan juyin juya halin Faransa sun yi irin wannan a 1793, wata goma sha biyu masu kwana 30 da ƴan kwanaki biyar ko shida a ƙarshe, kuma Napoleon ya soke ta a farkon 1806. Ashe ma an riga ni, kuma tasu ba ta yi ƙarko ba.

Da na kawo kayen wurin zamanmu na ranar Asabar, wata ƴar'uwa mai karatun aikin gona ta duba, ta ce, “To, mutanenka yaushe suke shuka?” Na ce farkon Gamo na uku. Ta ce, “Ranarsu irin tamu ce?” Na ce e. Ta ɗauki bik ta nuna mini: shekarar rana ta fi 365 da kusan rubu'in yini. Bayan shekara huɗu an yi asarar kwana ɗaya, bayan 120 wata guda cur. Jikokin jikokin mutanena za su zuba iri cikin busasshiyar ƙasa suna jiran ruwan da ba zai zo ba sai bayan wata, don kawai kalanda ta ce. Na ji haushi, ba zan ɓoye ba. Mako biyu ban buɗe kayen ba.

Da hutu na je ƙauye, na zauna wajen kakata tana sussukar gero, na tambaye ta yaushe aka haife ni. Ta yi dariya ta ce, “Kai maigidana, yau kuma rowar cefane ta kai ka ga tambayar kwana? An fara gasa tumu, ana gobe kasuwa, shekarar da fara ta zo ta cinye mana gona. Azumi bai kama ba tukuna.” Ba ta ambaci Janairu ba, ba ta ma san shi ba. Amma dubi abin da ta yi: cikin numfashi ɗaya ta haɗa lissafi huɗu, na gona, na kasuwa, na masifa da na wata. Kuma ta san ba sa tafiya tare. Ta san azumi yana jan baya da kwana goma sha ɗaya ko kusa duk shekara, ta yi shi cikin bazara leɓe na tsagewa, ta yi shi cikin hunturu, ba ta taɓa ɗauka cewa ɗaya daga cikin lissafin ƙarya ne ba. Shuka kuwa ba wata take dubawa ba, ƙasa take tonawa ta ga inda laima ta kai.

Da na dawo ban gyara kalandar ba. Na iya ƙara kwana ɗaya duk shekara huɗu, magana ta ƙare, amma na bar kuskuren yadda yake. Yanzu a Garazau akwai Masu Ƙirga, mutanen fada, su kaɗai ke da ikon buga tambarin shuka, kuma haraji da biyan bashi duk a kan ƙirgarsu suke. In sun yarda kalanda ta goce, to duk bashin da aka karɓa shekara ɗari an karɓe shi kafin lokaci. Akwai kuma wata tsohuwa da ta hana ƴaƴanta fitar da iri ranar da aka buga tambari, aka kai ta gaban alƙali. Babi uku na rubuta cikin kwana goma, ni da na yi wata shida ina zana layuka.

Har yanzu ban san ranar haihuwata ba. Na dai san ba Janairu ba ce, don ba a cin tumu a Janairu. A kalandar Garazau na lissafa, ta faɗo wajen ƙarshen Gamo na huɗu, ana gobe kasuwa, kuma nan na sa haihuwar ɗan autan tsohuwar. Takardar gwamnati kuwa tana nan cikin leda a ƙasan akwatina, da ita zan shiga jarrabawa bana.